Salamanda mai jan baya ta dazuzzukan gabashin Amurka ta Arewa: tambayoyi da amsoshi

Salamanda mai jan baya, wadda masana ke kira Plethodon cinereus, 'yar ƙaramar dabba ce da ke zaune ƙarƙashin ruɓaɓɓen ganye da duwatsu da gungumen itace a dazuzzuka masu sanyi na gabashin Amurka da Kanada. Ba ta da huhu, da fatarta take numfashi, kuma kusan duk abin da za a faɗa a kanta daga nan ya samo tushe: inda take zama, lokacin da take fita, yadda take haihuwa, da abin da ke kashe ta.

Ƙadangare ce ko kulɓa?

Ko ɗaya. Wanda ya ga hotonta zai iya ɗauka 'yar kulɓa ce, saboda siririn jiki da doguwar wutsiya da gajerun ƙafafu huɗu, amma danginta na kusa su ne kwaɗi. Ƙadangare da kulɓa da tsaka fatarsu busasshiya ce mai ɓawo-ɓawo, suna da farata a yatsu, ƙwansu kuma yana da kwasfa. Ita salamanda fatarta sumul take, kullum a jiƙe, ba ta da farce ko ɗaya, ƙwanta kuma a cikin yauƙi yake ba kwasfa. Ƙadangare yana neman rana ya shanya jikinsa. Wannan in ta daɗe a rana, ta mutu.

Babba a cikinsu tsawonta daga hanci zuwa ƙarshen wutsiya santimita 6 zuwa 10 ne, kusan rabi duk wutsiya ce. Nauyinta ba kasafai yake wuce giram ɗaya ba. Yatsu huɗu take da su a ƙafar gaba, biyar a ta baya. Wani masani ɗan Amurka, Jacob Green, shi ya fara bayyana ta a rubuce a 1818.

A ina ake samunta? Akwai ta a ƙasar Hausa?

Babu. Afirka kudu da Sahara ba ta da salamanda ko iri ɗaya. 'Yan nau'o'in da nahiyar ke da su suna can arewa, a Maroko da Aljeriya da Tunisiya, kuma wani dangi ne dabam.

Mai jan baya tana nan daga Nova Scotia da kudancin Quebec da Ontario a Kanada, ta yi yamma har jihar Minnesota a Amurka, ta gangaro kudu ta bin tsaunukan Appalachia har North Carolina. Ta fi son tsohon daji mai inuwa wanda itatuwansa ke zubar da ganye duk shekara, irin su itacen nan da ganyensa ke jikin tutar Kanada, inda ganye ya taru ya yi kauri, ga kututturan da suka faɗi suna ruɓewa. Fadama da inda ruwa ke kwanciya ba wurinta ba ne. Danshi take so, ba ambaliya ba, don haka gangaren tudu mai tsane ruwa ya fi mata.

Yaya dabba za ta rayu ba huhu?

Iskar oksijin tana narkewa a cikin ɗan danshin da ke kan fatar, ta ratsa zuwa ƙananan jijiyoyin jini da ke dab da ita. Gurɓatacciyar iskar da jiki ke fitarwa ta bi wannan hanya ta fita. Fatar cikin baki da maƙogwaro ma suna taimakawa, shi ya sa in ka dube ta da kyau za ka ga ƙasan haɓarta na motsi a hankali.

Abubuwa uku suka sa wannan ya wadatar. Jikinta siriri ne, babu wata tsoka da ke da nisa da fata. Ba ta ƙona abinci don ɗumama jiki kamar tsuntsu ko ɓera, saboda haka buƙatarta ta oksijin kaɗan ce ƙwarai. Sannan a wuri mai sanyi take zaune, sanyi kuwa yana ƙara rage wannan buƙata.

Amma akwai kuɗin da take biya. Fatar da iska ke ratsawa ruwa ma yana ratsa ta, kamar dai tulun ƙasa da ke tsatsafo da ruwan cikinsa. Duk sa'ar da ta yi a fili ruwan jikinta na ƙafewa, kuma da zarar fatar ta bushe numfashi ya tsaya. Ba ta shan ruwa da baki. In ta ƙafe sai ta manna cikinta a kan jiƙaƙƙiyar ƙasa ko ruɓaɓɓen itace ta tsotse ta fata. Wannan shi ya sa dare mai yayyafi shi ne lokacin cin abincinta, kwanakin fari kuma na yunwa ne ko da ƙwari sun cika dajin.

Ba ita kaɗai ce haka ba. Dangin marasa huhu, Plethodontidae, su ne kusan kashi biyu cikin uku na duk nau'o'in salamanda a duniya. Yawancinsu a nahiyoyin Amurka suke, da 'yan kaɗan a kudancin Turai, da guda ɗaya tak da aka gano a Koriya ta Kudu aka bayyana a 2005.

Da me zan tabbatar ita ce ba wata ba?

Fara da ciki, ba baya ba. Cikin mai jan baya ɗigo-ɗigo ne na fari da baƙi a cakuɗe, kusan daidai wa daida. A baya akwai faffaɗan layi miƙaƙƙe daga kai har wajen tsakiyar wutsiya, ja ko ruwan lemo ko ja mai duhu, gefuna kuma baƙi-baƙi. A haƙarƙari akwai tsage-tsage a tsaye tsakanin ƙafar gaba da ta baya, yawanci 18 zuwa 20, kuma masana suna ƙirga su don rarrabe nau'o'i.

Akwai waɗanda ake ruɗa ta da su. Hemidactylium scutatum cikinta fari fat ne da manyan ɗigo baƙaƙe, yatsu huɗu a ƙafar baya, ga wata matsewa a gindin wutsiya. Eurycea bislineata cikinta ruwan ɗorawa ne, kuma a bakin rafi take. Su kuwa 'yan Desmognathus ƙafafunsu na baya sun fi na gaba kauri sosai, kuma suna da ɗan farin layi daga ido zuwa kusurwar muƙamuƙi. A kudu kuma akwai 'yar'uwarta Plethodon serratus wadda ido kaɗai da wuya ya raba su, sai an haɗa da sanin inda aka same ta.

Na ga wata baƙa-baƙa ba ja a bayanta. Wani nau'i ne?

Nau'i ɗaya ne, launi ne ya bambanta. Akwai mai layi, akwai marar layi mai launin darma, kuma uwa ɗaya tana iya haifar duka biyun. Cikin nan mai ɗigo-ɗigo shi zai nuna maka. Yawan kowanne ya danganta da wuri: wani dajin kusan duk masu layi ne, wani kuma masu launin darma sun fi yawa.

Akwai launi na uku da ba a cika gani ba, wadda jikinta duka ja ne. Masana da dama suna ganin kwaikwayo ne na 'ya'yan wata salamanda mai guba, Notophthalmus viridescens, waɗanda ke yawo a fili da jan jiki a dajin nan ɗaya. Tsuntsun da ya taɓa ɗanɗana waccan yakan ƙyale duk mai kama da ita.

Me take ci?

Duk abin da ke motsi wanda zai shige bakinta: ƙananan ƙwari dangin kaska da ke cikin ƙasa, wasu 'yan mitsi-mitsin ƙwari masu tsalle da ke cin ruɓaɓɓen ganye, tururuwa, gara, tsutsar ƙuda, ƙananan gizo-gizo, 'yan katantanwa da ƙananan tana. Takan laɓaɓa har ta matso, sai ta harba harshe mai danƙo ta janyo. A daren da aka yi ruwa har kan tsirrai take hawa don farauta. Idan abinci ya wadata tana zaɓe, ta fi son mai laushin jiki da ke saurin narkewa a kan mai taurin kwasfa irin tururuwa.

Da gaske ne ta fi tsuntsaye yawa a dajin?

Gaskiya ne, kuma wannan shi ya sa masana suka damu da ita. A 1975 Thomas Burton da Gene Likens suka fitar da sakamakon ƙidayar da suka yi a dajin gwaji na Hubbard Brook da ke jihar New Hampshire ta Amurka. Sun sami salamanda wajen 2,950 a kowace hekta, fiye da kashi 90 cikin 100 na nauyinsu na mai jan baya ne. Da aka haɗa nauyin, ya ninka na tsuntsayen dajin a lokacin ƙwai fiye da sau biyu, ya kuma yi kusan daidai da na ɓeraye da jaɓa da ire-irensu.

Wannan adadin ma ya yi ƙasa da gaskiya, domin a kowane lokaci mafi yawansu suna cikin ƙasa, na sama ƙalilan ne. Ƙidayoyin da aka yi daga baya ta hanyar sa wa dabba alama a sake ta sannan a sake kamawa sun ba da adadi mafi girma. A wani daji a Virginia an sami kusan uku a kowane murabba'in mita. Mutum zai iya yini yana tafiya a dajin bai ga ko ɗaya ba, alhali dubbai ne a ƙarƙashin takalminsa.

Amfanin wannan yawa a fili yake. Tana cin ƙwarin da suka yi wa tsuntsu da maciji ƙanƙanta, ta mayar da su nama, su kuma su ci ta. Tun da ba ta ɓarnar abinci wajen ɗumama jiki, kaso mai yawa na abin da ta ci yana zama tsoka. Ana kuma cewa tana rage saurin ruɓewar ganye ta hanyar cinye masu cin ganyen. Wasu gwaje-gwaje sun nuna haka, wasu ba su nuna ba, don haka bai kamata a riƙa faɗinsa kamar an gama magana ba.

Yaya take haihuwa, tun da ba ta shiga ruwa?

Nan ta rabu da kwaɗi gaba ɗaya. Kwaɗo yana zuba ƙwai a kududdufi, 'ya'yan su fito da wutsiya suna iyo kafin su rikiɗa. Mai jan baya ba ta buƙatar kududdufi ko rafi a duk rayuwarta. Duk rikiɗar ana gama ta a cikin ƙwai.

Barbara tana farawa wajen Oktoba, ta ci gaba a watannin Maris da Afrilu bayan sanyi ya sassauta. Namijin yana bin ƙanshin mace har ya same ta. A ƙarƙashin haɓarsa akwai wani ɗan kumburi mai fitar da sinadarin jan hankali, a gaban bakinsa kuma wasu haƙora sukan ƙara tsawo a wannan lokaci. Da haƙoran yake ɗan karce fatarta, ya goga haɓar a wurin, sinadarin ya shiga jikinta kai tsaye. Idan ta amince sai ta hau kan wutsiyarsa ta ɗora haɓarta a gindin wutsiyar, su yi ta tafiya a jere a haka. Can sai ya tsaya ya ajiye ɗan curin yauƙi a ƙasa da maniyyi a samansa, ya ja ta gaba har mafitarta, wato ƙofar da kashi da ƙwai ke fita, ta zo daidai kansa, ta ɗauke. Gaɓoɓinsu ba sa haɗuwa ko kaɗan. Macen tana adana maniyyin a wani gurbi a jikinta na tsawon watanni.

A watan Yuni ko Yuli take yin ƙwai, a cikin kogon ruɓaɓɓen gungume ko ƙarƙashin dutse. Yawanci 6 zuwa 9 ne, wani lokaci ƙasa da haka, wani lokaci su haura 12, kowanne faɗinsa milimita 3 zuwa 4, a dunƙule wuri ɗaya suna rataye daga rufin kogon. Bayan mako 6 zuwa 8 sai su ƙyanƙyashe, wajen Agusta ko Satumba. Ɗan yana fitowa da kamannin uwarsa sak, tsawonsa kimanin santimita 2. Gaɓoɓin shaƙar iska irin na kifi da ya yi amfani da su a cikin ƙwai suna shanyewa dab da fitowarsa ko jim kaɗan bayanta. Sai ya shekara biyu ko fiye kafin ya balaga.

Uwar tana kula da ƙwan?

Sosai ma. Takan naɗe jikinta a kansu duk tsawon makonnin nan, da ƙyar take cin wani abu. Jikinta yana hana su bushewa, ƙwayoyin bakteriya da ke kan fatarta suna hana fumfuna kama su, kuma tana cizon duk wata salamanda ko ƙwaro da ya zo cin su. Ƙwan da uwa ta bari, da wuya ya kai labari. Ramar da take yi ta sa a yawancin wurare mace ba ta yin ƙwai sai shekara bibbiyu, alhali namiji yana barbara duk shekara.

A nan akwai darasi ga mai bincike: kada ka farfasa ruɓaɓɓen gungume tsakanin Yuni da Satumba. Gungumen da ya ɗauki shekaru yana ruɓewa har ya yi laushin da ake so, in ka tsaga shi ba ya komawa, kuma wataƙila ɗakin haihuwa ka rushe.

Suna zama tare ko kowa da wurinsa?

Kowa da wurinsa, namiji da mace. Dalili kuwa danshi ne: idan fari ya zo, ƙarƙashin babban dutse ko gungume ne kaɗai ke da laima da abinci, saboda haka wurin ya cancanci faɗa. Suna shata iyaka da ƙanshin jiki da kashinsu. Daga kowace ƙofar hanci akwai wata siririyar tsaga da ta gangaro zuwa leɓe. In salamanda ta dangwala hancinta a ƙasa, tsagar na jan danshi sama zuwa cikin hanci, ta gane wane ne ya wuce, namiji ne ko mace.

Mai wuri yakan ɗaga dukan jikinsa sama don razana baƙo, wanda ya sallama kuma ya kwanta ya baje. In abin ya kai ga cizo, wutsiya da hanci ake nema, kuma duka biyun asara ce babba: wutsiya rumbun kitse ce, tabo a tsagar hanci kuma yana rage iya farauta. Robert Jaeger, wanda ya daɗe yana nazarinsu a Virginia, ya nuna cewa ba sa tsananta wa maƙwabcin da suka saba da ƙanshinsa kamar yadda suke yi wa baƙo. Yawancinsu a cikin 'yan murabba'in mita suke ƙare rayuwarsu, kuma idan aka ɗauke ɗaya aka kai ta nisan mita 30, galibi sai ta komo gida.

Me ke cin ta, kuma yaya take kare kanta?

Ƙananan macizai, jaɓa, tsuntsayen da ke tonon ganye har da talotalon daji, da manyan salamanda. Wani lokaci takan sanƙare ba motsi, wani lokaci ta yi ta wutsil-wutsil ta shige ganye. Fatarta, musamman ta wutsiya, tana fitar da wani farin ruwa mai danƙo da ɗaci da ke liƙe bakin ƙaramin maciji. In duk bai yi ba sai ta yar da wutsiyar, a bar maƙiyi da guntun da ke ta motsi. Sabuwa tana tsirowa cikin watanni. Amma macen da ta rasa wutsiya ta rasa kitsen da za ta yi ƙwai da shi.

Tana da dafi? Tana cizon mutum?

Ba ta da illa ga mutum. Ka wanke hannu bayan ka taɓa ta, kada ka kai shi ido ko baki, shi ke nan. Hannunka ne ya fi zama haɗari gare ta.

Ina take zuwa lokacin hunturu?

Ƙasa take shigewa, domin jikinta ba ya jure daskarewa. Ba ta da ƙarfin haƙa rami a ƙasa mai tauri, sai dai ta bi tsagar dutse, da hanyar ruɓaɓɓiyar saiwa, da ramin tana ko gidan tururuwa, ta sauka inda ƙanƙara ba ta kaiwa, wani lokaci har zurfin mita guda. Dusar ƙanƙara mai kauri taimako ce a gare ta don tana rufe ƙasa ta hana sanyi ratsawa. Tsananin zafin Yuli da Agusta ma yana kora ta ƙasa. Shi ya sa aka fi ganinta daga Afrilu zuwa farkon Yuni, sai kuma Satumba da Oktoba.

In na je dajin, yaya zan neme ta ba tare da na cutar da ita ba?

Zaɓi safiya ko yamma mai sanyi, kwana ɗaya ko biyu bayan ruwan sama. Hannu ya zama ba man shafawa, ba turare, ba maganin sauro, ba ruwan tsabtace hannu mai barasa, domin duk abin da ke kan fatarka zai ratsa tata. Jiƙa hannun da ruwa marar sinadarin kulorin, ko ka sa safar hannu ta roba marar hoda ka jiƙa ta.

Ɗaga dutse ko itace daga gefen da ke nesa da kai, ya zama tsakaninka da abin da ke ƙasa, saboda maciji ma yana son irin wurin. In ka gan ta, kada ka kama wutsiya. Tura ta a hankali cikin tafin hannu ko cikin leda mai tsabta da aka ɗan yayyafa wa ruwa. Leda ta fi, domin zafin tafin hannun mutum ya haura digiri 30, ita kuwa tsakanin 10 da 18 take jin daɗi. Minti ɗaya ko biyu sun isa kallo da hoto.

Kuskuren da aka fi yi shi ne a ajiye dabbar sannan a mayar da dutsen a kanta. Mayar da dutsen tukuna, daidai yadda yake a gurbinsa, ka tura ganye a gefensa don danshi kada ya tsere, sannan ka ajiye ta a bakin dutsen ta shige da kanta. Leda ɗaya dabba ɗaya. Kafin ka tafi wani daji, kankare laka daga takalmi, ka jiƙa shi da ruwan bilic da aka tsarma kamar kashi 3 cikin 100 na minti biyar, ka ɗauraye nesa da rafi, ka shanya.

Yaya masu bincike ke ƙidaya su?

Da katako. Ana yanka katakon da ba a sa masa fenti ko maganin gara ba, faɗi da tsawo santimita 25 zuwa 30, mai ɗan kauri don kada ya yi saurin bushewa. Ana share ganye a shimfiɗa shi kan ƙasa kai tsaye. Tsarin da aka saba shi ne guda 50 a layi biyar, goma-goma, mita ɗaya tsakanin kowanne, kowane da lambarsa. A bar su watanni su sha ruwa su kwanta kafin a fara ƙidaya.

Duk wadda aka samu ana auna ta a cikin leda, a miƙe ta a gefen ledar a ɗora rula daga hanci zuwa ƙarshen mafita. Ba a dogara da tsawon wutsiya tun da tana yankewa. Don gane jinsi ana haska tocila ta bayanta a duba cikin: a mace ana hango ƙwai, a namiji ana hango 'ya'yan maraina da siraran bututu baƙaƙe. Alama kuwa ana yin ta da wani ruwan roba mai launi da ake tsirta ɗigonsa ƙarƙashin fata kusa da ƙafafu, jerin launukan ya zama sunan dabbar. Wannan aiki yana buƙatar izinin hukuma da horo.

Abubuwan da ke ɓata ƙidaya sanannu ne. Katako mai magani yana kashe su. Siririn katako yana lanƙwashewa, iska ta shiga, ƙasan ta bushe. Yawan ɗagawa, fiye da sau ɗaya a mako, yana korar su. Babbar matsalar kuma ita ce fassara: ka sami 40 yau ka sami 5 bayan mako biyu, ba mutuwa suka yi ba, fari ne ya sa suka sauka. Dole a riƙa rubuta zafin ƙasa da kwanakin da aka yi ba ruwa a kowace fita, in ba haka ba adadin ba ya nufin komai.

Tana cikin haɗarin ƙarewa?

A matsayin nau'i, a'a. Ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta sa ta cikin waɗanda ba a fargaba a kansu. Amma tana iya ɓacewa daga wani daji ɗungurungum, kuma dalilan duk suna komawa ga danshi da ganye.

Sare daji kakaf shi ne na farko. Rana ta bugi ƙasa, ganye ya bushe, lokacin farauta ya ƙare. Binciken da aka yi kan 'yan'uwanta a tsaunukan North Carolina ya ba da ƙiyasi biyu na lokacin farfaɗowa: wani ya ce shekara 20 da ɗoriya, wani ya ce 50 zuwa 70. Ko wanne aka ɗauka, ba abin shekara biyar ba ne. Sara a tsittsinke, da barin inuwa, da barin manyan gungume a ƙasa maimakon kwashewa, suna rage ɓarnar ƙwarai.

Na biyu zai ba manomi mamaki: tana. Ƙanƙarar da ta rufe arewacin nahiyar har zuwa shekaru dubu goma da wani abu da suka wuce ta shafe tanar wurin, dazuzzukan suka girma ba ita, ganye na taruwa shekara da shekaru. Tanar da aka shigo da ita daga Turai cikin ƙasar tsirrai, da wadda masunta ke zubarwa in sun gama kamun kifi, da wata daga Asiya da ta zo daga baya, suna cinye wannan shimfiɗa cikin 'yan shekaru. Salamanda tana cin ƙananan tana, kuma tana amfani da ramukansu, amma in ganyen ya tafi, ƙananan ƙwarin da 'ya'yanta ke ci sun tafi.

Na uku tsamin ƙasa ne daga ruwan sama mai asid. A binciken da aka yi a jihar New York, da wuya aka same ta inda tsamin ƙasa ya yi yawa har ma'auninsa, wato pH, ya sauka ƙasa da 3.7, domin tsami yana rikita gishirin jikinta ta fata.

Mece ce cutar da ake ta gargaɗi a kanta?

Wata fumfuna ce mai cin fatar salamanda, Batrachochytrium salamandrivorans, a taƙaice Bsal. A 2013 aka bayyana ta, bayan ta kusa shafe wata salamanda mai baƙi da ruwan ɗorawa daga ƙasar Holan, daga nan aka gan ta a Beljiyam da Jamus. Asalinta Asiya ne, kuma cinikin dabbobin ado ake zargi da kawo ta Turai. Ga dabbar da ke numfashi da fata, gyambo a fata kisa ne. Tun da Amurka ta fi kowace ƙasa yawan nau'o'in salamanda, a Janairun 2016 hukumar kula da kifi da namun dajinta ta hana shigo da nau'o'i 201, Kanada ma ta sa takunkumi a 2017. Wankin takalmi da aka ambata a sama saboda irin wannan ne.

Mai jan baya tana da ɗan makami a kan 'yar'uwar wannan cuta, wadda ta hallaka kwaɗi a nahiyoyi da dama: a fatarta akwai bakteriya mai suna Janthinobacterium lividum da ke fitar da wani sinadari mai launin shunayya da ke hana fumfunar yaɗuwa.

Za a iya kiwon ta a gida?

Shawararmu a bar ta a daji. Jihohin Amurka da yawa suna da doka kan kama ta, kuma dabba ce da za ta ɓuya yini guda ba ka gan ta ba. Ɗakunan bincike suna ajiye ta a akwati mai murfi, kan jiƙaƙƙiyar takarda da ake canzawa duk mako, a ɗaki mai sanyin digiri 15 zuwa 18, ana ba ta ƙananan ƙudajen 'ya'yan itace. Abin da ke kashe su a hannun mutane shi ne zafi, da ruwan famfo mai kulorin, da cika akwatin da ruwa har ya zama taɓo. A ƙasa mai zafi irin tamu, wutar lantarki ta ɗauke na yini ɗaya ya isa. Wadda kuma ta taɓa zama a akwati ba a mayar da ita daji, don kada ta kai cuta.

Tana da 'yan'uwa da ba su yi sa'arta ba?

Akwai, kuma wani lokaci ita ce matsalarsu. Jinsin Plethodon yana da nau'o'i sama da 50, da yawansu a kan tsauni ɗaya ko biyu kaɗai suke. Plethodon shenandoah, wadda aka bayyana a 1967, ba a samunta ko'ina a duniya sai kan tsaunuka uku a gandun dajin Shenandoah na Virginia: Hawksbill da Stony Man da Pinnacles. A can ma cikin tarin duwatsun gangaren arewa take, inda ƙasa ba ta da yawa, mai jan baya kuma ta mamaye ƙasa mai zurfi da ke kewaye. Gwamnatin Amurka ta sa ta cikin jerin dabbobin da ke fuskantar ƙarewa a 1989. Kamanninsu ya yi kusa, amma layin bayan ta Shenandoah ya fi siranta, cikinta kuma baƙi ne kusan bai ɗaya, ba ɗigo-ɗigo ba.